Yadda Ake Daɗewa a Sana'ar Wasan Kwaikwayo na Harshen Sifaniyanci

Ignacio López Tarso na Meziko, wanda aka haifa a 1925, ya rasu a 2023 yana da shekara 98, kuma har gab da ƙarshen rayuwarsa yana aiki. Héctor Alterio ya haura shekara 90 yana hawa dandamali a Sifaniya. Sai dai wani bincike da gidauniyar AISGE, ƙungiyar kula da haƙƙin 'yan wasan Sifaniya, ta fitar a 2016 ya nuna cewa kusan kashi 8 cikin 100 ne kawai na 'yan wasan Sifaniya ke samun abin da ya haura yuro 12,000 a shekara daga sana'ar. Tsakanin waɗannan biyun akwai dubban masu baiwa da suka haskaka shekara biyar ko goma, sannan aka daina jin ɗuriyarsu. Baiwa ce ke shigar da mutum, amma abin da ke riƙe shi daban ne: murya, wasan daɓe, takardun haƙƙi, da shirin da ya yi wa shekarun da waya ba ta ƙara.

Inda za ka koya

A Madrid akwai RESAD, makarantar gwamnati da tushenta ya faro tun 1831, karatunta shekara 4 ne kuma sai an ci jarrabawar shiga. A Barcelona akwai Institut del Teatre, wadda aka kafa a 1913. Cikin masu zaman kansu, ta Cristina Rota da ta Juan Carlos Corazza sun fi suna, kuma dukkansu 'yan Ajantina ne da suka zauna a Madrid. A Meziko hanya biyu ce. Ko ka bi makarantun daɓe irin su CUT ta jami'ar UNAM da makarantar wasan kwaikwayo ta hukumar INBA, inda López Tarso ya yi karatu, ko ka shiga CEA ta kamfanin Televisa, wadda aka buɗe don horar da jaruman talabijin cikin shekara 3.

In burinka daɗewa ne, zaɓi makarantar da ke koyar da murya, motsin jiki da karatun baiti kowace rana. Kyamara ana iya koyonta a bakin aiki cikin 'yan watanni. Numfashin da zai kai magana kujerar ƙarshe kuwa yana cin shekaru, kuma wanda bai koya yana ɗan ashirin ba, da wuya ya samu natsuwar koyonsa bayan ya yi suna. Ba dole ba ne sai da takardar shaida. Francisco Rabal mai gyaran lantarki ne a wurin ɗaukar fim kafin a san shi, José Sacristán kuma makanike ne. Amma su biyun sun yi shekaru a ƙungiyoyin daɓe masu yawo gari-gari, wadda ita ma makaranta ce, har ta fi tsanani.

Karin harshe

Harshe ɗaya ne, amma kasuwa ba ɗaya ba ce. A tsakiya da arewacin Sifaniya ana furta z, da c mai zuwa kafin e ko i, da harshe tsakanin haƙora, daban da s. A Latin Amurka da tsibiran Kanari da wani yanki na Andalusiya duk s ce. Mutumin Buenos Aires yana cewa vos a maimakon tú, kuma ll da y suna fita a bakinsa kusan kamar sh. Mutanen yankin Karibiyan suna haɗiye s ta ƙarshen gaɓa. Sannan akwai abin da ake kira karin harshe na tsaka-tsaki, wanda ya fi kusa da na birnin Meziko, shi ne ake nema a shirye-shiryen da ake yi a Miami da kuma aikin ɗora murya na Latin Amurka.

Ka mallaki biyu: naka na gado da ɗaya na kasuwar da kake hari. Ga yadda ake yi. Ɗauki rubutun, ka ja layi ƙarƙashin kowane harafi da furucinsa ya bambanta, ka karanta da ƙarfi minti 20 a rana kana naɗar muryarka, sannan ka ba ɗan asalin wurin ya saurara. Kuskuren da aka fi yi shi ne a gyara baƙaƙe a bar kiɗan jimlar, wato inda murya ke hawa da inda take sauka. Ɗan Ajantina zai iya furta kowace z daidai, amma daga jimla ɗaya Bamadride ya gane shi. Kuskure na biyu: yin atisaye da maganganun natsuwa kaɗai. Karin gida yana dawowa ne a wurin fushi da kuka, lokacin da hankali ya bar baki ya koma ga zuciya. Saboda haka fitowar faɗa ita ce za ka fi maimaitawa.

Kada kuma ka goge naka ƙarƙaf. Yanzu daraktoci da yawa suna neman ainihin karin yanki, kuma wanda ya kashe nasa yana rasa wannan aikin.

Baiti, abin da yawancin matasa ke gudu

Wasannin Lope de Vega da Calderón da Tirso de Molina a waƙe aka rubuta su, kashi uku, ɗango wajen 3,000. Ƙungiyar Compañía Nacional de Teatro Clásico, wadda Adolfo Marsillach ya fara jagoranta a 1986, da bikin wasannin daɓe na garin Almagro da ake yi duk bazara tun 1978, kullum suna neman waɗanda suka iya faɗar baiti, kuma ba su da yawa. Wannan aiki ne da tsufa ba ya ƙwace shi, domin kowane wasa yana da sarki, uba, alƙali ko tsohuwar baiwa.

Ɗangon da ya fi yawa mai gaɓa 8 ne. Ƙidayar tana da ƙa'ida uku da dole ka riƙe. In kalma ta ƙare da wasali, ta gaba kuma ta fara da wasali, galibi ana haɗe su gaɓa ɗaya. In ɗango ya ƙare da kalmar da nauyinta ke kan gaɓar ƙarshe, ana ƙara ɗaya a lissafi. In nauyin yana kan gaɓa ta uku daga ƙarshe, ana rage ɗaya. Wanda ya raba wasulan da ya kamata a haɗe, ya ƙara wa ɗangon gaɓa, kuma kunnen mai sauraro yana jin ɗingishin ko da bai san dalili ba.

Siffar baitin ma tana gaya maka yanayin da ake ciki. Lope da kansa ya rubuta a 1609 cewa baiti mai ɗango goma ya dace da koke, romance, wato dogon jerin ɗangogi masu gaɓa 8, ya dace da ba da labari, soneto mai ɗango 14 na wanda ke jira ne, redondilla mai ɗango huɗu kuma ta zancen soyayya ce. Don haka in ka ga marubuci ya sauya ma'auni a tsakiyar fitowa, wani abu ya sauya a zuciyar mai maganar, sai ka nemo shi.

Ɓarna iri biyu ake yi. Ta farko, tsayawa a ƙarshen kowane ɗango ana buga amsa-amo, har maganar ta koma rera karatu. Ta biyu, gudun wannan ya sa a murƙushe baitin ya zama hira. Maganinsu ɗaya: kwafe jawabin a jere kamar wasiƙa, ka gano ina jimla ta fara, ina aikatau yake, ina ta ƙare, ka sa alamar numfashi bisa ma'ana. Bayan nan ka mayar da shi cikin ɗangogi. Inda ma'ana ta tsallaka zuwa ɗango na gaba, ɗan jan wasalin ƙarshe ya isa, ba a yanke numfashi.

Daɓe, talabijin da fim

Kamar duwatsun murhu suke, in ka cire ɗaya tukunya ta karkace. Talabijin ke biyan kuɗin haya, fim ke kai suna ƙetare, daɓe ke riƙe hannu kada ya mutu. Ka yi ƙoƙari kada shekara biyu su wuce ba ka tsaya gaban 'yan kallo ba, ko da a ƙaramin ɗaki ne. Tsarin Microteatro da aka fara a Madrid a 2009, wasan minti 15 ga mutum wajen 15, ya isa wannan buƙatar.

Shiri mai dogon zango na kullum shi ya fi cin mutum. A fim ana iya wuni kan shafi uku, a telenovela kuwa fitowa ashirin a rana ba abin mamaki ba ne. Shi ya sa a Meziko aka daɗe ana amfani da 'yar na'urar kunne, wani yana karanto maka maganarka kana maimaitawa. Tana ceton lokaci, amma tana da illa uku: ido yana mutuwa domin hankali yana kunne, tsayawa tsakanin jimloli tana zama iri ɗaya, hadda kuma tana yin rauni. Wanda ya yi shekara goma a kanta, ranar da ya koma daɓe sai ya ga shafi biyu sun gagare shi. In dole ne ka sa ta, ka haddace rubutun duk da haka, ka bar ta ta zama mai tuni kawai.

Daga daɓe zuwa kyamara, ba ƙarfin ji ake ragewa ba, girman motsi ake ragewa. Tambayi mai kyamara girman hoton kafin a fara. In ɗaukar kusa ce, gira ɗaya ta isa, kai kuma ya tsaya wuri ɗaya. Ka riƙe da wane hannu ka ɗauki kofi kuma a kan wace kalma ka ajiye shi, domin in ya saɓa tsakanin ɗauka da ɗauka, mai tacewa zai yanke ka ya bar fuskar abokin wasanka.

Akwai ƙofa ta huɗu da ake rainawa: ɗora murya. A Sifaniya an tilasta fassara finafinan waje da murya tun 1941, al'adar kuma ta zauna har bayan an ɗage tilascin. Fernando Rey ya yi wannan aikin kafin duniya ta san fuskarsa. Ana biya ne bisa kiran aiki da yawan gutsattsarin da ka faɗa, kuma makirufo ba ruwansa da furfura.

Takardu da kuɗi

Nan ne aka fi yin asara, kuma ba a gane ta sai an kai shekara sittin.

Ƙungiyoyi iri biyu ne, kada ka haɗa su. Akwai ta ƙwadago, mai tsayar da mafi ƙarancin albashi da sa'o'in aiki: Unión de Actores y Actrices a Madrid, ANDA a Meziko tun 1934, Asociación Argentina de Actores tun 1919. Akwai kuma mai karɓo maka kuɗi duk lokacin da aka sake nuna aikinka: AISGE a Sifaniya tun 1990, ANDI a Meziko, SAGAI a Ajantina tun 2006. A Kolambiya dokar da ake kira Fanny Mikey ce ta buɗe wannan haƙƙin a 2010. Ka shiga duka biyun, kuma ka riƙa shigar da kowane aiki da ka yi: sunan shirin, lambar kashi, sunan wanda ka fito a matsayinsa. Telenovelar da ka manta da ita tana iya yawo a tashoshin duniya shekara ashirin. In sunanka bai shiga rajista daidai ba, kuɗin ba zai same ka ba.

A Sifaniya ɗan wasa ma'aikaci ne, kamfani ne ke da alhakin yi masa rajistar inshorar zamantakewa a kowace ranar aiki, har da kwanakin atisaye. In aka ce ka kawo takardar caji kamar mai zaman kansa alhali su ke tsara maka lokaci da wurin aiki, nauyin suke sauke maka. Ka riƙa ciro rahoton kwanakin aikinka daga hukumar aƙalla sau ɗaya a shekara, ka gwada da kwantiragoginka. Fansho da kuɗin rashin aiki duk daga waɗannan kwanakin ake lissafa su. Waɗannan haƙƙoƙi ba kyauta aka ba da su ba. A farkon shekarun 1970 ana yin wasa biyu a rana, kwana bakwai a mako, har Concha Velasco da Juan Diego suka tsaya kan neman ranar hutu, sannan a Fabrairun 1975 'yan wasa suka yi yajin aikin da ya rufe gidajen wasan Madrid, shugaban mulkin kama-karya Franco yana raye.

A yawon gari-gari, ka san tsarin biyan kafin ka hau mota. Ko dai gidan wasan ya sayi wasan da ƙayyadadden kuɗi, ko a raba kuɗin ƙofa. In rabo ne, tambayi kaso nawa, kuma kafin a cire haraji da haƙƙin marubuci ne ko bayan an cire. Kuɗin abinci da masauki daban suke da albashi. A Buenos Aires ƙananan wasanni da yawa haɗin gwiwa ne, ana raba riba bisa maki, don haka a rubuta makin kowa tun ranar farko.

Wakili yana ɗaukar tsakanin kashi 10 zuwa 20 cikin 100 na abin da ya samo maka. Wanda ya nemi kuɗi kafin ya kawo aiki, rabu da shi. Faifan nuna gwanintarka kada ya wuce minti 3, fitowa mafi ƙarfi a farko, kuma a sabunta hotuna duk lokacin da kamanninka suka sauya. Kwantiragin keɓewa, irin wanda Televisa ta daɗe tana ba jarumanta na albashin wata ko da aiki ko babu, yana da daɗi, amma da kamfanin ya yi ta soke su a 'yan shekarun baya, waɗanda ba su da wata ƙafa a waje sun sha wuya.

Murya da numfashi

Minti 15 zuwa 20 na ɗumama murya kafin kowane wasa: gunji da baki rufe, kaɗa leɓe, sannan wasula daga ƙasa zuwa sama. Dishewar da ta wuce mako biyu zuwa uku ta likitan maƙogwaro ce, ba ta zuma da lemun tsami ba. Raɗa ba hutu ba ce, tana ƙara wahalar da tantanin murya. Abin da ke lalata muryar 'yan daɓe a ɓoye shi ne cin abinci mai nauyi bayan an tashi wasa da dare sannan a kwanta nan take: ruwan ciki yana hawowa ya ƙona maƙogwaro, da safe a tashi da kakkaurar murya. Bar awa biyu zuwa uku tsakanin ci da kwanciya.

Wuri ma yana da nasa hukuncin. Birnin Meziko yana kan tsayin mita 2,240, Bogotá wajen 2,600. Jawabin da kake faɗa da numfashi ɗaya a Buenos Aires zai nemi biyu a can. Ka isa da 'yan kwanaki kafin buɗewa, ka sake sa alamomin numfashi. A dandalin Rumawa na Mérida a Sifaniya, mai ɗaukar mutum wajen 3,000 a fili, makirufo yana ƙara sauti ne kawai, ba ya gyara baƙin da aka haɗiye.

Lokacin da fuska ta sauya

Kowa yana tsallake kogi biyu: daga saurayi ko budurwar labari zuwa uba ko uwa, sannan daga nan zuwa dattijo. Wanda ya nutse, galibi a na farko ne, domin ya ƙi karɓar matsayin uba har aka daina kiransa a matsayin saurayi. Ka tsallaka da wuri, da kanka, tun ana sonka. Alfredo Landa ya yi shekaru a finafinan barkwanci iri ɗaya har aka laƙaba wa salon sunansa, amma ya juya, kuma a 1984 ya raba kyautar gwarzon ɗan wasa ta bikin finafinai na Cannes da Rabal. Sacristán bai samu Goya, babbar kyautar finafinan Sifaniya, ta farko ba sai 2013, yana da shekara 75.

Ga mata ƙofar ta fi saurin ƙuntata, kuma waɗanda suka daɗe yawanci da kansu suka samar wa kansu aiki. Núria Espert ta kafa ƙungiyarta a 1959. Silvia Pinal ta zama furodusar wasannin kiɗa da na talabijin a Meziko. Lola Herrera ta fara wani wasan mutum ɗaya da aka ciro daga littafin Miguel Delibes a 1979, ta yi ta komawa gare shi fiye da shekara 40.

Wannan dabara ta cancanci a tsaya a kanta. Wasan mutum ɗaya ko biyu, na minti 70 zuwa 90, da kayan da za su shiga ƙaramar mota, shi ne jarin da ba ya jiran kiran kowa. Abin lura shi ne haƙƙin marubuci. Ana neman izini ta ƙungiyoyin marubuta: SGAE a Sifaniya, Argentores a Ajantina, SOGEM a Meziko, kuma kason marubuci yawanci kashi 10 cikin 100 ne na kuɗin ƙofa. Wa'adin kariya ya bambanta. A Sifaniya shekara 70 ne bayan rasuwa, amma 80 ga waɗanda suka rasu kafin 7 ga Disamba 1987, shi ya sa ayyukan García Lorca da Valle-Inclán, da suka rasu a 1936, ba su zama na kowa ba sai 2017. A Meziko shekara 100 ne. Rubutun da ka yi kyauta a Madrid yana iya zama da mai shi a wata ƙasar, kuma fassara ko sabon tsari na wani yana da nasa haƙƙin daban.

Ƙafa a ƙasa biyu

Tarihin wannan sana'a cike yake da hijira. Margarita Xirgu ta fita yawon wasa a 1936, yaƙin basasa ya ɓarke, ba ta sake komawa Sifaniya ba, ta ƙare tana shugabantar makarantar wasan kwaikwayo a Montevideo. Alterio yana Sifaniya a 1974 barazanar kisa daga ƙungiyar 'yan bindiga ta Triple A ta hana shi komawa gida Ajantina, ya sake farawa daga ƙasa yana da shekara 45. Norma Aleandro ta Ajantina ma ta yi gudun hijira, ta dawo ta ci kyautar Cannes a 1985. Ko ba siyasa, tattalin arziki yana yin irin wannan, kamar yadda rikicin Ajantina na 2001 ya kora 'yan wasa da yawa zuwa Madrid. Ɗan ƙasar Latin Amurka mai jin Sifaniyanci yana iya neman zama ɗan Sifaniya bayan shekara 2 na halastaccen zama, maimakon 10 da ake nema ga yawancin baƙi. Takardar ƙasa biyu kuma tana sauƙaƙa shiga finafinan haɗin gwiwa, inda ake ƙirga 'yan wasa bisa ƙasarsu.

Bayan saba'in

Hadda tana nan, sai dai tana son lokaci. Karɓi rubutun wata biyu ko uku kafin atisaye, ka haddace da safe a gutsure ƙanana, ka rubuta da hannu, ka naɗi maganganun abokan wasa da gurbin naka a tsakani, sannan ka ɗaure kowace jimla da motsi ko wuri a dandamali. A kwantiragi ka nemi a cire wasa biyu a rana ɗaya, a rage ɗaukar dare, a sa kwana ɗaya tsakanin doguwar tafiya da wasa. Kamfanonin fim suna sa inshora kan manyan jarumai, kuma gwajin likita ne ke yanke ko za a ɗauke ka, don haka ajiye sakamakon gwaje-gwajenka na kwanan nan a hannu. A Sifaniya, tun 2023 doka ta yarda mai karɓar fansho ya ci gaba da aikin fasaha ba tare da an dakatar da fanshonsa ba, amma dole a sanar da hukuma a yi rajistar kwanakin. Waɗanda lissafin bai fitar da su ba, akwai Casa del Teatro a Buenos Aires tun 1938 da Casa del Actor a birnin Meziko tun 1944, kuma dukkansu suna duba shaidar shekarun da mutum ya yi a sana'ar. Ajiye kwantiragi, takardun shirin wasa da rasidin biya a wuri ɗaya, ka kuma ɗauki hotonsu.